Sunan da Zuera Ba Ta Faɗa

Duk unguwar Nima an san Mma Barikisu ba ta sayen abu a rufe. Ko buhun wake aka kawo mata, sai ta tura hannu har gindin buhun ta ɗebo na ƙasa ta duba, don ta sha tarar da ƙwari a kwance ƙarƙashin wake mai kyau. Ta daɗe tana sayar da wake da shinkafa a bakin titi, kuma masu saye sun ce bakinta ya fi yajin da take zuba musu zafi. To, irin wannan mace ce surukinta ya kawo wa sunan jikarta, yana tsammanin za ta ce madalla ta koma kan tukunyarta.

Autarta Asana ce ta haihu, 'ya mace, a shekarar da ta biyo bayan babbar yunwa, lokacin da mutane suka fara mayar da kumatu. Da yake haihuwar fari ce, daga asibiti gidan uwarta aka wuce da ita wankan jego. Tun a asibitin Barikisu ta ƙara yarda da mijin 'yarta. Ta fita neman ruwan zafi, da ta dawo sai ta hango shi ta ƙofa, ya rungume jaririyar ya kai bakinsa kunnenta yana kiran salla a hankali, ya daɗe a sunkuye. Ta ja da baya ta ba shi wuri, tana cewa a ranta yaron nan dai ya san abin da ya kamata.

Yarinya ce lafiyayya, ga gashi, ga kama nono kamar an aiko ta. Abu ɗaya Barikisu ta lura da shi wajen wanka: a saman kunnenta na hagu akwai 'yar tsaga, kamar an ɓalle gefen ganye da farce. Ta yi dariya, ta ce wa Asana ai ɓera ne ya ɗanɗana ta tun a ciki, ya ji ba gishiri ya bari.

Mijin, Kadiri, kayan mota yake sayarwa a kasuwar Abossey Okai. Mutum ne mara hayaniya, kuma ba shi da kowa. Ubansa Malam Jibirilu ya tafi a motar korar baƙi, lokacin da gwamnati ta kori waɗanda ta ce ba 'yan ƙasa ba ne, tun Kadiri bai yi gemu ba, labarin rasuwarsa kawai ya dawo. Uwarsa Zuera ta zauna ta rene shi ita kaɗai, ita ma ta rasu kafin ya yi aure. Ba wa, ba ƙane, ba gwaggon da za ta zo ta kama aikin suna. Saboda haka da ya yanke sunan da za a sa, Barikisu ya zo ya gaya wa. Ya durƙusa a tsakar gida kusa da murhu, ya rage murya yadda na cikin ɗaki ba za su ji ba, ya ce sunan kakarsa zai mayar, Zelia.

Barikisu ta tambaye shi kakar wane ɓangare. Ya ce ta wajen uba. Ta tambaye shi ko ya taɓa ganinta, ya ce a'a, ta rasu tun ba a haife shi ba, amma babbar mace ce a garin Salaga, ta yi tsawon rai, har Makka ta je. Ta ce to wa ya ba shi wannan labari. Nan Kadiri ya fara sosa ƙeya.

Ashe ba wanda ya zaunar da shi ya ba shi. Shi dai ya tashi ya ga uwarsa ba ta faɗin sunan nan. Akwai wata 'yar maƙwabta mai suna Zelia, har yarinyar ta yi aure Zuera ba ta taɓa kiranta da sunanta ba, sai dai ke 'yar nan, in kuwa wani ya kira ta a gabanta sai ta sunkuyar da kai. Kowane azumi tana soya masa, wato waina, ta raba sadaka, ya kuma taɓa jin ubansa yana cewa ta Zelia ce. Ran da ya tambayi uwar ko wace ce, sai ta ce masa babba ce a gidan nan, ya dai riƙa yi mata addu'a. Ai magana ta fito, in ji Kadiri. Wace mace ce ake jin kunyar sunanta haka in ba uwar miji ba? Salaga kuwa can ubansa ya fito. Tsawon ran da zuwa Makkan, da Barikisu ta matsa, sai ya ce shi dai haka yake ji a jikinsa.

Haka yake ji a jikinsa. Barikisu ta dube shi ta ga har idonsa ya yi ƙwalla don son kakar nan da ya gina wa kansa, sai ta haɗiye abin da ya zo mata baki, abin da ba ta saba ba. Amma hankalinta bai kwanta ba. A wurinta suna ba ɗankwali ba ne da za a ɗaura a kwance in bai dace ba. Yaro yana ɗibar wani abu daga mai sunansa, ta ga wannan da idonta ba sau ɗaya ba. Kafin a ɗora wa jikarta sunan wata, sai ta san yadda matar ta rayu da yadda ta mutu.

Hidima ta riƙe ta, ga masu barka, ga cefane, ga rigimar mai rago, har sai da ya rage gobe suna sannan ta samu ta zame. Ta bar wa maƙwabta dakan fura, ta yafa mayafi ta shiga mota zuwa unguwar Tudu. Can kusa da tashar manyan motoci akwai wani tsoho mai goro, Malam Hudu, wanda suka yi fataucin arewa tare da uban Kadiri. Yana cikin 'yan kaɗan da korar baƙi ta bari, shi ya sa duk mai neman asalin wani a zango, unguwannin baƙi 'yan arewa, yakan ƙare a gaban kwandonsa.

Ta same shi yana yayyafa wa goro ruwa. Bayan gaisuwa da barkar jika, ta tambaye shi sunan uwar Malam Jibirilu. Bai ko yi tunani ba ya ce Abibata, wata gajeriya mai sayar da kanwa, ya ci tuwonta a Salaga har ya gaji, kuma ko Kumasi ba ta taɓa zuwa ba balle Makka. Barikisu ta ce to uwar Zuera fa? Ya ce Alima, a nan Nima aka binne ta. Ta bi kakanni da gwaggwanni ɗaya bayan ɗaya, tsoho yana amsawa yana dariya, yana cewa ko aikin ɗan sanda ta koma. Sai ta ce to wace ce Zelia a gidan.

Hannun Malam Hudu ya tsaya a cikin ƙwaryar ruwa. Ya jawo ganye ya rufe goron gaba ɗaya, alhali rana ba ta ko yi tsaka ba, ga masu saye suna wucewa.

"Wa ya tono wannan?" in ji shi.

Ta gaya masa. Ya tambaye ta yaushe ne sunan, ta ce gobe da asuba. Ya kalli motocin da ake yi wa lodi, sannan ya ce wannan ba maganar maza ba ce, shi iyakarsa ɗaukar makara. Ya ce ta je unguwar Maamobi ta nemi Iya Amama ungozoma, in har tana da rai. Kuma kada ta biya gida, ta wuce kai tsaye.

Barikisu ba matsoraciya ba ce, amma a cikin motar komawa kalmar makara ta ƙi barin ranta. Ta sauka ta ratsa lungunan da ta sani tun tana budurwa, ta hau katakon da aka gitta kan babbar kwatar da ta raba Nima da Maamobi, baƙin ruwa yana gudu a ƙarƙashinta da tsummoki da ɓawon lemo. Hadari ya taso daga wajen teku ya tsaya, bai zubo ba, bai wuce ba, zafi ya danne gari. Sai da ta yi tambaya a gida uku kafin aka nuna mata wani ɗakin kwano a ƙuryar wani gida.

Iya Amama ta tsufa har ta ƙanƙance, idanunta sun yi fari, amma kunnenta garau. Rabin manyan Maamobi a hannunta suka faɗo. Ta gane muryar Barikisu, har ta tsokane ta cewa wakenta ya fi na uwarta tsakuwa. Barikisu ba ta rama ba, abin da ya sa tsohuwar ta daina dariya ta ce ta faɗi abin da ya kawo ta. Ta kwashe duka ta faɗa, har da hujjar Kadiri cewa uwarsa kunyar sunan uwar miji take yi.

Tsohuwar ta juyo da fararen idanunta wajenta.

"Barikisu, ke sunan wa ne ba kya faɗa?"

Barikisu ta shiga lissafi a ranta. Uwar mijinta ta daɗe da mutuwa, kuma ko tana da rai ba ta raga mata ba. Suna ɗaya ne a duniya bai taɓa fita daga bakinta ba, na ɗanta na fari, wanda yanzu yake da furfura a gemu amma har gobe sai dai ta ce wancan, ko mai sunan Malam. Kowace uwa a zango haka take da ɗan fari. Ta ji kunya ta kama ta, ita da ake cewa ba ta sayen abu a rufe, abu yana cikin bakinta ta tafi nemansa har Tudu.

Amama ta ce ƙwarai, 'yar farin Zuera ce. Ita ta karɓi haihuwarta, yarinya kamar a sace don kyau. Aka yi suna lafiya, aka ci rago. Daga ranar sunan ta fara juya wa nono baya, ba zazzaɓi, ba gudawa, sai dai ta kwanta ido buɗe tana kallon ƙofa. Ba ta ga arba'in ba. Shekara ta zagayo Zuera ta sake haihuwar mace, Jibirilu kuwa mutum ne mai taurin kai, ya ce Allah ya mayar masa da abin da ya karɓa, sunan nan dai za a sa. Aka sa. Ita ma haka, nono, ƙofa, makara. A ta uku mata suka taru suka roƙe shi ya sauya, suka ce wabi ce, yarinya ɗaya ce take zuwa tana komawa, a ba ta wani suna ko ta rikice ta zauna. Ya ce camfi ne, shi ba ya bin maganar mata a kan abin da yake hannun Allah. Ta uku ma ta bi 'yan'uwanta.

Barikisu ta ce, da muryar da ita kanta ba ta gane ba, to ai an yi shekaru, wannan wata ce daban.

Tsohuwar ta ce mai yiwuwa. Ta ce ita dai abin da ta gani take faɗa. Kafin a naɗe ta ukun a likkafani, tsofaffin gidan sun kira wanzami a ɓoye, ba da sanin uban ba, ya yi mata shaida yadda ake yi wa wabi, don in ta sake dawowa a gane ta. Bayan nan aka haifi Kadiri, namiji, ya zauna, Zuera kuma ba ta ƙara haihuwa ba.

Barikisu ba ta so ta tambayi inda aka yi shaidar ba. Ta zauna tana kallon bakin tsohuwar, tana roƙon Allah a ranta ta ce a ƙafa, ko a yatsa, ko a gadon baya. Amama ta ɗaga hannunta ta kama saman kunnenta na hagu, ta ɗan matsa shi da farce.

Kukan da ya ƙwace wa Barikisu ya ishi tsohuwar amsa. Ta lalubo hannunta ta riƙe, ta ce kada ta tsaya kuka, akwai sauran dama. Duk ukun lafiya lau suke zuwa, sai sun ji sunan suke tuna hanya, da an yanka rago kuma su kama ta.

"Muddin ba ta ji shi ba, baƙuwa ce. Za ta ɗauka ɓatan gida ta yi, ta zauna har ta saba da ku. Kada ta ji shi, Barikisu, ko da wasa."

A kan katakon kwata Barikisu ta tsaya ta bi kwanakin nan ɗaya bayan ɗaya. Kadiri a tsakar gida ya faɗa, da ƙaramar murya, yarinyar tana ciki tana barci. Ita kanta ba ta gaya wa kowa a gidan ba, ko Asana, don ba a fallasa suna kafin a yanka rago. Ta sauke ajiyar zuciya, ta ɗaga ƙafa har mayafinta yana zamewa.

Ta tarar da gida ya cika, ana ta soye-soye, rago a ɗaure yana cin ɓawon rogo. Kadiri yana ƙofar gida yana jera bencina. Ta kira shi gefe inda ake shanya, ta gaya masa komai a tsaye, ba ta sassauta ko kalma ɗaya ba, don ba ta iya sassautawa ba. Ta ga kakar Salaga ta rushe a fuskarsa, da tsawon ranta da Makkarta. A madadinta ya samu yayye mata uku da bai taɓa sanin an yi ba, da uwar da ta yi shekaru tana soya masar sadaka ita kaɗai ba ta gaya masa ta wa ce ba. Ya jingina da bango ya rufe fuska, ya yi kuka irin na wanda aka yi wa rasuwa yau.

Da ya natsu ya ce, a raunane, liman zai ce camfi ne, rai da mutuwa na Allah ne. Barikisu ta ce ta sani, ita ma salla take yi ba gunki take bauta wa ba, kuma ubansa ma haka ya ce har ya binne uku. Ta tambaye shi ko sunaye ne suka ƙare a duniya. Sannan ta shiga ɗaki ta ɗauko jaririyar ta kawo masa, ta juya kanta zuwa haske ta nuna masa kunnen. Ya daɗe yana kallo. Ya ce a sa mata Madina.

Har ta juya sai ya ce, "Mma, amma akwai…"

Ta ce ba amma, kada ta ƙara jin wata magana, kuma sunan can ya mutu a bakinsa daga yau. Ta shige da yarinyar ta bar shi tsaye a cikin shanya.

Da asuba maza suka cika bencina, aka raba goro da dabino. Liman ya yi addu'a, aka kwantar da rago, maroƙi ya ɗaga murya ya sanar da unguwa cewa yarinya ta ci suna Madina. Mata suka rangaɗa guɗa. Wanzami ya zo ya aske gashin, Barikisu tana tsaye a kansa, ta rufe kunnen hagun da gefen zane don kada ya gani ya yi surutu. Hadarin jiya yana nan a sama bai zubo ba, amma ita ji take kamar an sauke mata buhu daga ka. Ta yi rawa, ta zagi masu rowar barka, ta cika wa kowa kwano, har aka ce yau Mma Barikisu ta manta da awo.

Wajen hantsi ta lura ango, uban jaririyar, bai ci komai ba. Yana zaune shi kaɗai a ƙarshen benci, sabuwar rigarsa ta jiƙe da gumi, kwanon naman da ta aika masa yana gefe ƙudaje suna bi. Ta je ta tsaya a kansa ta ce ko sai an ba shi a baki ne, ai an gama, an rufe wancan babi, ya saki ransa.

Bai ɗago ba. Ya ce jiya ya so ya gaya mata ba ta bari ba.

"Ranar da aka haife ta, a asibiti, da kika fita neman ruwa. Bayan na yi mata kiran salla, na yi mata huɗuba. Murna ce ta ɗebe ni, ban iya jira ba. Na raɗa mata sunan a kunne, Mma. Har na maimaita don ta ji da kyau."

Barikisu ta tuna shi a sunkuye, ta tuna yadda ta ja da baya ta ba shi wuri tana sa masa albarka. Ba ta zage shi ba. Ta ratsa ta cikin mata da tukwane da masu kiɗa, ana jan zanenta ana mata barka, ta ɗaga labulen ɗakin ta shiga.

Asana tana zaune a bakin gado cikin kwalliyar suna, da yarinyar a cinya, ta fito da nono tana goga mata a baki. Ta ɗago ta yi wa uwarta murmushin gajiya, ta ce wataƙila hayaniya ce ta dame ta, ko askin, don tun da aka yanka rago ta ƙi kamawa.

Barikisu ta karɓe ta. Jikinta ba zafi, ba ta kuka, numfashinta lafiya. Ta kai bakinta daidai kunnen nan mai tsaga ta kira ta Madina, ta sake kira, ta yi ta kira, Asana tana tambayarta Mma lafiya. Yarinyar tana kwance a hannunta ido buɗe, ba ta ko ƙifta ba. Ƙofa take kallo.